Giyar Atomatik Ba Ta Zama Daidai Sai An Saita Ƙwaƙwalwarta

 Yau za mu ɗan jingine zancen farashin gero da dawa, mu ɗauki wata mas'ala wadda ta ke cin kuɗin mutane a ɓoye, ta ke kuma raba abokan cinikin da suka daɗe tare. Mas'alar kuwa ita ce ta giyar mota mai canza kanta, watau atomatik, da abin da ya wajaba a yi mata bayan an gyara ta ko an sauya ta.

Ga abin da ya jawo wannan bayani. Wani maƙwabcinmu a layin 'yan hatsi yana da mota ƙirar Japan mai giya 6, giyarta ta ƙone. Ya tura dillali kasuwar kayan gyara, aka sayo masa giya 'yar Beljiyam mai kyan gani, makanike ya ɗaura, aka zuba mai. Da aka fita hanya, duk sa'ad da za ta tashi daga giya ta 2 zuwa ta 3 sai ta yi duka, kamar an bangaji motar ta baya. Makanike ya ce giya ce ba ta da kyau. Mai rumfa ya ce da lafiyarta ta bar hannunsa. Dillali ya rasa inda zai sa kansa. Aka sauke, aka mayar, aka karɓo wata, aka sake biyan kuɗin aiki da kuɗin mai, ita ma ta biyun ta yi irin abin da ta farin ta yi. Mota ta yi mako 3 a gareji, husuma ta kai gaban shugabannin kasuwa. Daga ƙarshe aka kira wani yaro rewaya mai aiki da kwamfuta, ya jona igiyarsa, ya shigar da wata lamba da ke liƙe a jikin giyar, ya share tsohon lissafi, suka yi kewaye da direba. Mota ta koma tana canza giya ba ka ko ji. Ashe ita ma giyar farko ba ta da aibin kome. An yi asarar kuɗi da lokaci da zumunci a kan aikin da bai kai wuni ba.

Fasali na 1: Mece ce ƙwaƙwalwar giya

Tun da aka buɗe ma'aikatar harhaɗa Peugeot a Kaduna a 1975, mutanenmu da giyar hannu suka saba, ta Fijo 504 da 'yan'uwanta. Direba shi ne ƙwaƙwalwar giya: kunnensa ya ji kukan injin, ƙafarsa ta taka kuloci, hannunsa ya sa giya. Yanzu kuwa yawancin tokumbo da ke shigowa atomatik ne, kuma aikin nan na direba wata 'yar kwamfuta ce ke yinsa, wadda makanikai ke ce wa birenbos na giya.

Ita atomatik ba sabuwar aba ba ce. Kamfanin General Motors na Amurka ya fito da ita a 1939 da sunan Hydra-Matic, ya ɗora ta a motocin Oldsmobile na 1940. Amma ta wancan zamani ƙarfin mai kaɗai ke tafiyar da ita, da wata waya da ta taso daga totur, makanike na iya saita ta da sifana. A 1981 Toyota ta sa kwamfuta a giyar motarta Crown. A 1989 kamfanin Chrysler ya fito da wata giya mai suna Ultradrive, wadda ba umarni kaɗai ta ke bi ba, har koyo ta ke yi, tana gyara aikinta gwargwadon yadda kayan cikinta ke cinyewa. Yau kusan duk giyar atomatik a kan wannan hanya ta ke.

Ƙwaƙwalwar tana karɓar labari daga wasu 'yan leƙen asiri da a ke kira sensa: gudun da ke shiga giya daga injin, gudun da ke fita zuwa taya, yawan takun totur, zafin man giya, takun birki, da inda direba ya ajiye sandar giya. Sa'an nan ta ba da umarni ga wasu ƙananan famfuna masu aiki da lantarki, su ne solinoid, su buɗe wa mai hanya ko su toshe.

Wurin zamanta iri 3 ne, kuma mai saye ya kamata ya san wannan kafin ya taya kome. Wata tana cikin akwatinta daban, a ƙarƙashin dashbod ko a ɗakin injin ko liƙe a jikin giya. Wata an haɗa ta da ƙwaƙwalwar injin a akwati guda, kamar yadda ya ke a Honda Accord da yawa da Corolla. Wata kuwa tana can cikin giyar, tana wanka a cikin mai, kamar ta Mercedes mai giya 7 da ta Volkswagen da a ke kira DSG. Fa'idar sanin haka ita ce: in ƙwaƙwalwar tana waje, ka sayi giya, to ka haɗa baƙuwar giya da tsohuwar ƙwaƙwalwa. In kuwa tana ciki, ka sayi giya, to ka sayo har da ƙwaƙwalwar wata mota, wadda ba ta san motarka ba. Ko ta wane hali akwai baƙo a gidan, baƙo kuwa sai an gabatar da shi.

Fasali na 2: Abin da ta ke haddacewa

A cikin giyar akwai jerin faranta na kuloci, rukuni-rukuni. In za a canza giya, mai ya kan cika bayan wani rukuni ya matse shi, a lokaci guda a saki wani rukunin. Duk wannan ba ya kai daƙiƙa guda. In wanda zai kama ya yi sauri, sai ka ji duka. In ya yi nawa, sai ka ji injin ya yi kuka a banza kafin giya ta kama, wannan shi ne sulɓi, kuma shi ne ke ƙona faranta.

To ƙwaƙwalwar tana auna kowane canji. Ta ba da umarni, ta ƙirga lokacin da aka ɗauka kafin giya ta kama, in ta ga an yi nawa sai gobe ta ƙara ƙarfin mai kaɗan, in an yi gaggawa ta rage. Ta rubuta ta ajiye. Shekara da shekaru faranta na cinyewa, ita kuma tana ƙarawa, har ya zama tana da littafi cikakke na wannan giyar tata ita kaɗai.

Mu da muke awo mun san irin wannan. Ma'aunin da ya shekara yana aiki da mudun da ya lotsa, hannunsa ya saba yi masa tozo don ya cike gibin. Ran da aka ba shi sabon mudu, in bai gyara hannunsa ba, duk awon da ya yi sai ya zarce. Haka tsohuwar ƙwaƙwalwa ke yi wa sabuwar giya, tana tura mata ƙarfin da ta saba tura wa cinyayyun faranta, sai duka. In kuwa ƙwaƙwalwar ce sabuwa, giyar tsohuwa, sai ta tura ƙarfin sabuwar giya, bai isa ba, sai sulɓi. Ka ga ke nan kowanne yana da lafiya, rashin sanin juna ne ciwon.

Fasali na 3: Aiki uku ne, ba ɗaya ba

Kalmar saiti da a ke faɗa a gareji ta ƙunshi aiki 3, kuma kuɗinsu ba ɗaya ba ne. Kowa ya tambayi mai gyara wanne a ciki zai yi.

Na ɗaya, zuba manhaja, watau karatun da kamfani ya tsara. Sabuwar ƙwaƙwalwa sau da yawa fanko ta ke zuwa, allo ne wankakke. Sai an zuba mata karatun da ya dace da girman injin da irin giyar da shekarar motar. Yawanci daga kamfanin a ke saukowa da shi ta intanet, kuma mai gyara biya ya ke yi kafin a buɗe masa. Wannan shi ne mafi tsada, shi ne kuma mafi hatsari, domin in wuta ta yanke ana tsakiyar zubawa, ƙwaƙwalwar na iya mutuwa ɗungurungum.

Na biyu, rajista, watau a shaida wa ƙwaƙwalwar motar da ta shiga. Tun 1981 yawancin motoci suna da lambar shasi mai haruffa da alƙalumma 17. A wasu motoci sai an rubuta mata wannan lamba, a wasu sai an haɗa ta da makulli, a wasu kuma sai an shigar mata da lambar ita kanta giyar. Dalilin lambar giya kuwa shi ne, solinoid biyu ko da ƙirarsu ɗaya ba sa zuba mai daidai wa daida, don haka a kan gwada kowace giya a ma'aikata, a rubuta halinta a lamba, a liƙa mata.

Na uku, share tsohon lissafi da sake koyo. Wannan shi ne wanda kusan kowace giya ke bukata in an buɗe ta, ko an sauya gidan bawul, ko solinoid, ko giyar baki ɗaya. Shi ne mafi sauƙi, shi ne kuma aka fi mantawa da shi.

Ƙofar da a ke shiga duk wannan aiki wani soket ne mai ramuka 16 a ƙarƙashin sitiyari. Doka ta wajabta shi a motocin Amurka tun 1996, a Turai kuwa tun 2001 ga masu fetur, 2004 ga masu dizal. Amma a lura, ba kowace sikana ke iya aikin ba. 'Yar ƙaramar nan mai araha da injin kaɗai ta ke magana. In ta nuna P0700, ma'anarsa ita ce ƙwaƙwalwar giya tana da ƙara, a je a tambaye ta, ba ta faɗi ciwon ba. In aka ga U0101, ma'anarsa sauran motar ba ta jin muryar ƙwaƙwalwar giya sam, sai a fara duba waya da fis da soket kafin a ce ta mutu.

Fasali na 4: Kowace mota da al'adarta

Toyota. A Camry mai silinda 6 daga 2007, irin wadda 'yan kasuwa ke kira Masul, da wasu 'yan'uwanta masu giya 6, akwai sitika a jikin giyar mai tambarin QR da lamba mai haruffa 60. In an sauya giya ko ƙwaƙwalwarta sai an shigar da wannan lamba, sa'an nan a share tsohon lissafi, a fita hanya. Saboda haka mai sayen irin wannan giya ya fara duba sitikar kafin ya duba fenti. Masu wanke kaya da fetur da buroshi don su yi ƙyalli, su sani suna iya wanke rabin darajar giyar.

Honda. Da ya ke ƙwaƙwalwar injin da ta giya akwati guda ne a yawancin Accord, in ka sauya shi sai an haɗa shi da makulli. In ba haka ba, sitata za ta yi ta juya injin amma ba zai tashi ba, mutum ya zaci an sayar masa da matacce.

Peugeot. A 206 da 307 da 406 da yawa akwai giya mai 4 da a ke kira AL4. Ƙwaƙwalwarta tana da ƙirgen tsufan mai, tana lissafa shi da zafi da daɗewar aiki. In an sauya mai sai a gyara ƙirgen, in an sauya ƙwaƙwalwa sai a karanto ƙirgen tsohuwar a rubuta wa sabuwar, a kuma koya mata farkon totur da ƙarshensa.

Mercedes. Giyarsu mai 7, wadda ta fito a 2003, ƙwaƙwalwarta tana kan wani farantin lantarki a cikin giyar, kuma kamfani ya ɗaure ta da tsarin hana sata. Da zarar ta yi rajista da mota ɗaya, ta kulle a kanta. In ka ɗaura ta a wata motar haka nan, injin na iya tashi amma giya ba za ta shiga ba. Sabuwa sai an yi mata rajista da kamfani ta intanet, tsohuwa kuwa sai an sami gwanin da ke da na'urar buɗe ta. Wanda bai tanadi ɗayan biyun nan ba, kada ya ba da kuɗinsa.

Volkswagen. Giyar DSG, ita ma ta 2003, tana da kuloci biyu. Bayan gyara a kan yi mata saitin tushe da mota a tsaye: sandar giya a P, injin na aiki a hankali, ƙafa a kan birki har a gama, ba a taɓa totur, mai kuma ya ɗumama. Za ka ji tana ƙwal-ƙwal a ciki tana gwada kowace giya, kada a tsorata a kashe mota.

Nissan. Da yawa daga cikinsu ba giya mai haƙora hawa-hawa gare su ba, bel ne na ƙarfe tsakanin gargare biyu, shi a ke kira CVT. A Altima daga 2013 sabuwar giya tana zuwa da faifan CD da sitika masu ɗauke da halinta, sai an zuba wa ƙwaƙwalwa. 'Yar Beljiyam ba ta zuwa da faifai. Shi ya sa mai hankali ke neman a haɗa masa giya da ƙwaƙwalwarta daga mota guda.

Ford. A masu giya 6 da yawa akwai lamba mai alƙalumma 13 a jikin giyar, wadda dole ta yi daidai da abin da ke cikin ƙwaƙwalwa.

Fasali na 5: Sharuɗɗa kafin a fara

Ƙwaƙwalwa abin da ta tarar shi ta ke koya. In ta koya a kan ɓarna, ɓarna za ta haddace. Don haka kafin a jona kwamfuta a tabbatar da waɗannan.

Mai ya zama irin nata. Man giya ba ɗaya ba ne ko da launinsa ɗaya. Toyota na da T-IV na tsofaffi da WS na baya-baya, Honda na da DW-1 wanda ya maye gurbin Z1, CVT na Nissan na da NS-2 da NS-3, kuma man giyar atomatik na yau da kullum ba ya shiga CVT. Ita Ultradrive ɗin da muka ambata, da yawa daga cikinsu sun lalace ne saboda an zuba musu Dexron maimakon nasu. Araha ba ta ado, balle a cikin giya.

Mai ya zama daidai gejinsa. Yawancin giyoyin yanzu ba su da sandar awo, ta wani noti a ƙasa a ke gane cikarsu, kuma da sharaɗin zafi, domin mai yana kumbura in ya yi zafi. A Toyota masu giya 6 wajen digiri 40 a ke aunawa. To a nan akwai abin lura gare mu. A watan Afrilu da Mayu, a Kano ko Sakkwato ko Maiduguri ko Damagaram, iskar rana kanta tana kai wa digiri 40, kafin ka ta da injin mai ya riga ya kai wurin, minti kaɗan ya wuce. Wanda ya auna da azahar zai zubar da man da bai kamata ya zubar ba, giya ta tafi da ƙishirwa. A yi wannan awo da sassafe, a kan ƙasa mai lebur, sikana tana nuna zafin.

A wanke hanyar sanyaya mai. Giyar da ta ƙone ta kan bar garin ƙarfe da ƙurar faranta a cikin bututu da radiyeta. In ba a wanke ko an sauya ba, ran farko wannan datti zai koma cikin sabuwar giya ya toshe mata bawul.

Batir ya zama mai ƙarfi, kuma in za a zuba manhaja a jona masa cajar da ke riƙe wuta a tsaye. Kwamfutar ma ta zama da cajinta. Ba a fara wannan aiki a kan wutar da ba a san sa'ad da za a ɗauke ta ba, ko janareta mai tari, ko intanet mai yankewa.

Injin ya zama da lafiya. In fulogi na fashi ko sensa ta totur na ƙarya, ƙwaƙwalwar giya za ta yi lissafi a kan labarin ƙarya.

Kafin a cire tsohuwar ƙwaƙwalwa, in tana magana, a kwashe abin da ke cikinta a ajiye. Kuma kada a jefar da ita, kada a bar wa yaran gareji su kai wa 'yan gwangwan, sai aiki ya kammala. Lambar da ke jikinta ita ce hujjar da za a gwada da wadda za a saya.

Fasali na 6: Koyo a kan hanya

Bayan an share lissafi, ƙwaƙwalwa ta koma kamar sabon yaron shago. Wasu motoci suna da koyon gaggawa da sikana ke yi a tsaye, amma cikon karatun a hanya ya ke. Kowane kamfani da tsarinsa, mai gyara ya bi na motar, amma jigon abin kusan ɗaya ne. A bari injin da giya su ɗumama. Da ƙafa a birki a riƙa kai sanda daga N zuwa D, a dakata 'yan daƙiƙoƙi, a komo, a kai R, a dakata, a maimaita. Sa'an nan a nemi hanya shiru mai lebur, ba cikin cunkoson kasuwa ba. A tashi da totur kaɗan, ƙafa a tsaye wuri guda, a bar ta ta hau giya ɗaya bayan ɗaya har ta ƙarshe. A saki totur, ta sauko da kanta har a tsaya. A maimaita sau da dama, kana a ƙara totur zuwa matsakaici a sake.

A kwanakin farko a yi mata uzuri in ta ɗan yi tuntuɓe, matuƙar kullum sauƙi ta ke ƙarawa. Amma kada a lafta mata buhuna ko a cika ta da fasinja a kama hanyar nesa ran da ta fito gareji, kada kuma a ba yaro mai zafin ƙafa. In kuwa ta maƙale a giya guda, yawanci ta 3, ta ƙi hawa ta ƙi sauka, wuta ta kama a dashbod, wannan ba koyo ba ne. Ƙwaƙwalwa ce ta ga abin da ya tsorata ta, ta kulle giya don ta kai ka gida. A koma gareji a karanta dalili, kada a ci gaba da tafiya a haka.

Akwai maganar da ta yaɗu cewa a cire kan batir na ɗan lokaci, shi ke nan an yi saiti. A wasu tsofaffin motoci ya kan yi aiki. Amma a mafi yawan na yanzu lissafin yana rubuce a inda yankewar wuta ba ta goge shi, kuma ko ya goge, cire batir ba ya shigar da lamba, ba ya zuba manhaja.

Tambihi: abin da saiti ba ya warkarwa

Kada a ɗauki wannan bayani a mai da kwamfuta maganin kowace cuta. In man giya ya yi baƙi yana warin ƙuna, ko aka sauke kwanon ƙasa aka ga garin ƙarfe ya taru a maganaɗisu, ko mota ta ƙi tafiya in ta yi zafi, faranta sun tafi, sai buɗewa. Har ma mu ƙara da cewa, share lissafin tsohuwar giya wadda ba a gyara ba yana iya ƙara mata ciwo, domin lissafin nan shi ne sandar da ta ke dogarawa. Kada a bari kowa ya share don gwaji kawai.

Ga dillalan motoci kuma. Akwai masu goge ƙararrakin da mota ta ajiye kafin su kawo ta kasuwa, don wutar dashbod ta mutu. Ana gane su. Bayan gogewa, sikana ta kan nuna cewa gwaje-gwajen da motar ke yi wa kanta ba su kammala ba. In ka ga haka a motar da aka ce kullum a kan hanya ta ke, ka tambayi dalili, ko da ya ke sauya batir ma ya kan jawo haka. Ka gwada ta da sanyin safiya, ka sake gwada ta bayan ta yi zafi sosai, domin wani aibin sai da sanyi ya ke fita, wani sai da zafi.

Fasali na ƙarshe: Yadda za a ƙulla ciniki

Tun ran gini tun ran zane. Duk husumar da muka gani a kan giya, asalinta ba a yi maganar saiti ba sa'ad da a ke ciniki. Ga abin da muke ba da shawara a faɗa a gaban shaidu, in da hali a rubuta.

1. A je da lambar shasi da lambar tsohuwar giya da ta tsohuwar ƙwaƙwalwa, a gwada da abin da za a saya. Kamar jiki ba ta isa ba, sayen giya da ido cinikin biri a sama ne.

2. A duba sitika tana nan, tana karantuwa. A ɗauki hotonta da waya kafin a ɗaura giya, domin bayan an ɗaura wani lokaci ido ba ya kai wa wurin.

3. In giyar tana bukatar ƙwaƙwalwarta, a yi cinikinsu tare daga mota guda.

4. A san wanda zai yi saiti, da irin na'urarsa, da kuɗinsa, da wanda zai biya, tun kafin a sauke tsohuwar giya.

5. Kwanakin gwajin da mai rumfa zai bayar su fara ƙirguwa daga ran da aka yi saiti, ba daga ran da kaya suka bar rumfa ba. Mai rumfa kuma yana da haƙƙin ya ce ba zai karɓi giyar da aka mayar ba sai an nuna masa an saita ta, an kuma zuba mata man da ya dace.

6. Mai mota ya riƙe cikon kuɗin aiki sai an yi kewayen koyo, an sake jona sikana ya ga babu ƙara.

7. Dillali kada ya karɓi la'adarsa ya ɓace. Shi ne ya haɗa mutum biyu, shi ne kuma za a fara nema in abu ya ɓaci, sanin waɗannan abubuwa shi ne zai tsare masa mutuncinsa.

Kuɗin saiti bai kai kuɗin giya ba, bai ma kai kuɗin saukewa da ɗaurawa da mai sau biyu ba. Makaniken da ya ce bai iya wannan ɓangare ba, ya kira wanda ya iya, bai rage kome daga gwanintarsa ba, ya fi wanda zai ɗora laifi a kan kayan mutane. Mai mota kuma da ya ga yaro da kwamfuta ya gama aiki cikin sa'a guda, kada ya raina abin da ya nema, na'urar da kuɗin rajistar kamfani da shekarun koyo ya ke biya.

Allah ya tsare mu da asara, ya sa albarka a cinikinmu. Haza wassalam.